Taki Goma Sha Takwas Gabas da Gawo

Ɗanasabe na Kwarin Gamba, can bayan Dogo-Dogo, mutum ne da ba a taɓa ganin ya gama kofin shayi a zaune ba. Kurɓi biyu yake yi a kan benci, na uku yana tsaye, na huɗu ya kai bakin ƙofa yana neman takalmi. Shekararsa arba'in da shida, sana'o'in da ya taɓa kuwa tara ne cif. Ya sayar da fetur a kwalba, ya yi awon gyaɗa, ya koyi ɗinki wata uku a Waca ya gudo domin keke ba ya barin mutum ya tashi. Ya yi kabu-kabu da babur a Dungas shekara biyu, har ranar da ya lissafa cewa ya faɗi sau goma sha ɗaya, ya ce ba zai jira na goma sha biyu ba. Yanzu cajin waya yake yi a shagonsa da pano guda mai ɗaukar hasken rana da batirin babbar mota, yana noma gonarsa ta yamma da burtali.

Abu ɗaya ne bai taɓa bari ba, shi ne ƙirga. Daga ƙofarsa zuwa masallaci taki sittin da uku ne. Zuwa rijiya ɗari biyu da takwas. Zuwa tudun da ake samun rezo, inda duk mai son magana da waya yake hawa, ɗari huɗu da goma sha biyu. Uwarsa takan ce tun yana rarrafe in an zuba wa kaji tsaba shi kajin yake nunawa da yatsa.

Wannan hali ne ya sa da wani furoje, wato aikin wata ƙungiya, ya zo auna burtulan shanu a shekarar 2002, shi aka ba igiya. Rani uku yana jan igiya mai tsawon metir hamsin cikin ƙarangiya, ana kafa alama, ana rubutawa. Alama ɗari biyu da goma sha huɗu. Da yamma 'yar kawunsa Rashida, wadda ita ce sakatariyar furojen, takan shigar da lambobin cikin wata tsohuwar ordinatar, wato kwamfuta, mai baƙin allo, irin wadda ba ta da hoto ba ta da ɗan ɓeran dannawa, sai dai ka rubuta mata umarni harafi harafi. Dos ake ce wa tsarin da ke cikinta. Rashida ta koya masa kaɗan, tsakanin zagi da dariya, domin taubashiyarsa ce. Da furojen ya naɗe tabarmarsa, aka ba mai gari takardu, aka bar wa Ɗanasabe na'urar amana.

Takardun, gara ta gama da su tun damina ta biyar. Na'urar kuma, wani malamin lakwal, wato makarantar boko, da ake ce wa Mushe Hafiz, ya roƙi aronta don buga wasiƙu. Ya ƙara mata faifan ajiya na biyu mai sabon tsari, ya sa nasa a gaba, tsohon ya koma baya. Ranar da aka ɗauke shi zuwa wani gari sai ya goge kayansa kaf don kada a karanta masa sirri, ya goge har da abin da ke tada na'urar. Tun daga nan in an kunna ta sai ta yi gurnani, ta rubuta layi ɗaya fari, ta tsaya cak. Ɗanasabe ya lulluɓe ta da buhu. Shekara bakwai yana cewa gobe.

Goben ta zo ranar wata Litinin cikin watan Agusta, gero ya fara fid da kai.

Shanun Ardo Faruku, a hanyarsu ta zuwa tafki, suka faɗa gonar Amarya, yayar Ɗanasabe, wadda mijinta Dalhatu ya rasu ya bar mata 'ya'ya biyar da gona ɗaya mai layi sittin da huɗu. Amarya ta kai ƙara. Ardo ya ce shanu ba su shiga gona ba, gona ce ta shigo hanyar shanu. Ya kawo dattawa bakwai, dukansu suka ce sun tuna marigayi ya sare wata sarƙaƙiya a gefen burtali ya haɗe da gonarsa. Layi ashirin, in ji su. Mai gari ya ce ya ba da kwana biyu. In la'asar ɗin Laraba ta yi ba wata shaida, za a sare layi ashirin a buɗe wa shanu.

Layi ashirin cikin sittin da huɗu. Ɗanasabe bai ko zauna ba ya raba shi a ka: kusan kashi ɗaya cikin uku na abincin gidan yayarsa.

Ya tafi wurin da kansa. Akwai wani tsohon gawo a cikin burtalin, ya tuna daga gindinsa aka ja igiya, domin simintin alama ya ƙare musu a ranar. Ya taka gabas zuwa layin Amarya na farko, taki goma sha biyu. Ya taka yamma zuwa nasa layin, ashirin da ɗaya. Takinsa kuwa metir ɗaya ne cif, tun zamanin jan igiya. Nawa ne asali? Ya dafe kai. Yawan alamomin ya riƙe, amma wace ce wace, wannan yana cikin abin da ke ƙarƙashin buhu.

Ya hau tudu ya kira Rashida, wadda yanzu take gyaran na'urori a Damagaram.

"Wa nake ji kamar bawana?" in ji ta. "Yau kuma sana'a ta goma ce ka fara?"

"Uwar ɗakina, ajiye wasa. Gonar Yaya Amarya za a yanka." Ya zayyana mata komai cikin numfashi uku.

"To lambobin suna nan, tunda tsohon faifan ba a taɓa shi ba. Amma shi ɗan gargajiya ne, ba ya karantuwa sai an shiga ta ƙofarsa. Abin da malaminka ya goge shi ne ɗan jagora."

"Wane ne kuma haka?"

"Ɗan ƙaramin shiri ne da ke zaune a bakin faifai na farko. In na'ura ta farka shi take fara tambaya, ina zan bi? Shi ke nuna mata ƙofa. Taka ta farka ta tarar ba kowa, shi ya sa take tsaye kamar baƙuwa a tasha."

"In buɗe cikinta in cire na malam mana, kowa ya huta."

"Ka taɓa ka gani! Wayoyin ciki sun bushe kamar kilishin bara. Da hannunka mai rawar nan? Zan aiko maka da disket ta Dos, da sabon jagora a ciki. Kai dai ka dasa shi."

Sai ta faɗa masa abin da ya faranta masa rai duk da tashin hankalin. Bakin kowane faifai gurbi ɗari biyar da goma sha biyu ne. Ɗari huɗu da arba'in da shida na jagora, sittin da huɗu na rubuta iyakokin faifan, biyu na hatimi. Kafin ta rufe baki ya haɗa su.

"Ya cika," ya ce.

"Da ka ce bai cika ba, sai su sake ƙera ta? Sauka ka nemi Inusa direba gobe a Dungas."

Talata da hantsi ya ari babur. Ruwa ya kwanta a hanya wuri goma sha bakwai, ya sauka ya tura a biyar. A tashar Dungas ya kewaya rumfar mai shayi sau ba adadi, ko da yake shi ya san adadin, kafin motar Inusa ta shigo ana kiran azahar. Inusa ya miƙo masa gwangwanin shayi naɗe da leda.

"Hajiyar nan ta ce in na ɗora shi kusa da lasifika za ta la'ance ni har jikoki. A cinyata ya zo tun daga Damagaram. Mene ne ciki, maganin maza?"

"Maganin gona," in ji Ɗanasabe, ya riga ya tada babur.

Ya iso gida hadari ya rufe gabas. Pano bai ga rana ba, batir kuwa wayoyin mutane sun tsotse shi tun safe. Ya cire wayoyi goma sha huɗu daga caji, ya mayar wa masu su ɗaya bayan ɗaya yana ba da haƙuri. Ya share na'urar, ya hure ƙurar ramin disket da bakinsa, ya kori gizo-gizo biyu. Ya hau tudu sau uku ba don komai ba sai don ya ji Rashida ta sake cewa lambobin suna nan.

Laraba rana ta fito kamar mai jin kunya, ta leƙo ta koma. Da ƙarfe goma sha ɗaya ya duba allurar batir. Shekarun caji sun koya masa karatunta: minti talatin da ɗaya za ta riƙe wannan tsohuwa mai cin wuta, ko da ɗigon ƙari in rana ta yi kirki.

Amarya ta zo ta zauna a dokin ƙofa, fartanya a cinya.

"Ɗanasabe, wai wannan akwatin ne zai yi magana gaban mai gari?"

"Shi ne, Yaya."

"To ka faɗa masa ko taki ɗaya Dalhatu bai ci ba. Mutumin da ko tsintuwar allura sai ya yi cigiya."

"Ba a faɗa masa, Yaya. Shi ke faɗa."

Cikin gwangwanin akwai disket biyu iri ɗaya, ta biyun ko da ta farko ta ƙi, da takarda mai layi huɗu da rubutun Rashida. Tada ta da disket. Ɗebi iri, wato ka kwafe bakin faifai na farko ka ajiye a disket kafin ka taɓa shi. Dasa jagora a faifai na farko. Cire disket ka sake kunnawa. A ƙasa ta ƙara: manomi ba ya shuka sai ya ware iri, kada ka tsallake na biyu, na san ka.

Ya yi bismillah ya kunna. Disket ta yi ƙara kamar ana tauna aya. Minti uku, sai ga harafi ɗaya da ɗan ɗigo yana ƙyaftawa a baƙin allo, kamar yadda ya san shi shekara goma sha bakwai da suka wuce. Yatsunsa suka tuna hanya. Ya rubuta umarnin ɗiban iri. Shirin ya tambaye shi wane faifai, ya jera masa lamba biyu: sifiri da ɗaya.

Nan ya ɗan tsaya. Ya kashe ya hau tudu ya tambaya? Zuwa da dawowa minti tara, sake tadawa minti uku na wuta. Yana tsaye a gaban tebur, ƙafarsa tana kaɗawa. Takarda ta ce na farko. Wa ya taɓa tsayawa bakin garke ya nuna tunkiya ya ce sifiri? Na farko ɗaya ne, tun da aka halicci yatsu. Ya danna ɗaya. Iri ya shiga disket. Ya rubuta umarnin dasawa, aka sake tambayarsa, ya sake danna ɗaya. Ya cire disket ya kunna.

Gurnani. Farin layi ɗaya. Cak.

Minti takwas sun tafi. Ya kashe, ya tsallake ƙafafun Amarya, ya yi tudu da sassarfa. Ya karanta wa Rashida duk abin da ya rubuta, da ya zo kan "ɗaya" sai ya ji shiru. Ya ɗauka rezo ce ta ɗauke, ya ɗaga wayar sama yana juyi.

"Ina jin ka," ta ce, muryarta ba wasa a ciki. "Ɗanasabe, na'ura daga sifiri take fara ƙirga. Sifiri shi ne na farko. Ɗaya shi ne tsohon faifan. Ka ɗora jagora a kan ƙofarsa, ka rushe ta."

Karo na farko a wannan mako ya zauna, a kan yashi mai laima. Daga nan tudun ana hango gawon, da koren geron Amarya yana kaɗawa.

"Shi ke nan lambobin?"

"Tsaya. Laifina ne da ban rubuta maka lamba ba. Da ka ɗebi iri, wace lamba ka..." Rezo ta ɗauke da gaske.

Ya kira sau shida. Ya koma gefen tudun na arewa, ya hau kututturen aduwa, ya tsaya da ƙafa ɗaya. A na bakwai ta shiga.

"Iri! Na wace lamba ka ɗiba?"

"Ɗaya."

"Ka tabbata? Ba sifiri ba?"

"Ni da ban yarda akwai sifiri ba, ta yaya zan danna shi?"

Dariyar da ta yi sai da ya janye wayar daga kunne. "Alhamdu lillahi da taurin kanka! Ka ɓata sau biyu ta hanya ɗaya. Ƙofar da ka rushe ita ce ka ajiye. Koma ka mayar da irin kan ɗaya. Sannan ka ɗebi na sifiri da wani suna, ka dasa jagora a sifiri. Maimaita min, bawan banza."

Ya maimaita sau biyu. Ya rubuta a tafin hannunsa da bik.

Da ya dawo Amarya ta dube shi. "Ya yi maganar?"

"Yana gyaran murya."

Wannan karon kafin ya danna kowace lamba sai ya duba tafinsa, ya duba allo, ya sake duba tafinsa. Zufa ta fara cin rubutun. Mayar da iri, minti biyu. Ɗiban na sifiri. Dasawa. Ya cire disket, ya kunna, ya rufe ido. Da ya buɗe sai ga layi biyu maimakon ɗaya, jagora yana tambaya: sabo ko tsoho? Ya sauka kan tsoho. Allon ya yi duhu, ya daɗe har ya fara salati, sannan shuɗin shafin furoje ya buɗe da jerin burtula. Saura minti goma sha huɗu.

Alama ɗari biyu da goma sha huɗu, shafi yana ɗaukar goma sha biyar. Ya yi ta dannawa. Kwarin Gamba tana da tara. Ta shida an rubuta mata sunan itacen da faransanci, da rubutu uku a gabanta. Faɗi, metir hamsin. Gabas, goma sha takwas. Yamma, talatin da biyu.

Lissafin ya yi kansa tun kafin ya so. Goma sha takwas a cire goma sha biyu, shida. Tunda kowane layi taki ɗaya ne, layi shida Dalhatu ya ci, ba ashirin ba. Ya buɗe baki zai yi kabbara, sai ɗaya lissafin ya biyo baya. Talatin da biyu a cire ashirin da ɗaya.

Goma sha ɗaya. Nasa.

Bai taɓa sare sarƙaƙiya ba. Kowace shekara dai in ya zo shuka yakan ga gefen ya yi fili, takin dabba na kwance a banza inda shanu suka bi, ya ƙara rami ɗaya a kan na bara. Ba kowace shekara ba ma. Mutumin da ya san yawan takun masallaci bai taɓa tara waɗannan ba.

Akwatin da ke juya wutar batir ya yi ƙara ɗaya, alamar an kusa. Saura minti takwas. Ba wanda ya ga allon sai shi, Amarya ba ta karatun boko. Zai iya kwafe gabas a kaye, littafin nan na 'yan makaranta, ya bar na'urar a kunne ta mutu don kanta, ya je ya ce ga abin da ya samu. Dattawa bakwai ba wanda ya ambaci yamma. Ya kalli lambar, ya kalli agogo. Ƙafarsa ta daina kaɗawa. Ya miƙa hannu ya kashe na'urar, ya zare wayar batir don kada ko ɗigo ya zube.

"Me ya ce?" in ji Amarya.

"Zai faɗa a gaban kowa. Sauran wutar na masu shaida ne."

Da la'asar shagon da bai fi cin mutum huɗu ba ya ci tara. Ardo ya zo da ƙaninsa Abdulmumini, wanda ya yi lakwal har yana aikin allurar dabbobi. Shi ne Ɗanasabe ya zaunar a kan kujera gaban allo. Minti biyu na tadawa, biyu na nema.

"Karanta duka," in ji Ɗanasabe. "Har ƙarshen layin."

Abdulmumini ya karanta gabas, Ardo ya ɓata fuska. Ya karanta yamma, ya ɗago ya dubi Ɗanasabe, ya sake karantawa. Kafin mai gari ya gama cewa a maimaita, allon ya mutu.

Aka ɗunguma gindin gawo da tsohuwar igiyar furoje, wadda take rataye a shagon tun tafiyarsu. Ɗanasabe ne ya ja ta, wa zai ja in ba shi ba. Gabas ta tsaya a layin Amarya na shida. Yamma ta shige cikin geronsa, ya bi ta yana ture kara, yana ƙirgawa da ƙarfi kowa na ji, har goma sha ɗaya.

Ardo Faruku ya dogara da sandarsa. "Malam Ɗanasabe, mu gabas muka zo nema. Wa ya aike ka yamma?"

"Igiyar ce mai baki biyu, Ardo."

Mai gari ya yanke cewa kowa ya fita daga abin da ba nasa ba. Sai Ardo ya ɗaga hannu. Ya ce in an buɗe goma sha ɗayan nan gobe, hanya ta zama taki arba'in da huɗu, ta ishi shanunsa bana. Shidan marayu a bar su su nuna, a gyara bayan girbi.

Amarya ba ta yi godiya a wurin ba. Sai a hanyar gida ta daki kafaɗar ƙaninta da ƙotar fartanya. "Kai mai ƙirgan kajin mutane! Dalhatu da bai iya lissafi ba shida ya ci. Kai gwani ka ci goma sha ɗaya." Ta yi taku kaɗan ta ƙara da cewa, "In an yi girbi ka turo a ɗaukar maka dami."

Alhamis da sassafe ya shiga da lauje. Karan da ya sare ya kai wa tumakin Amarya, kaya takwas. A kan sabuwar iyakar ya dasa gamba tushe arba'in, don kada hannunsa ya sake ganin fili. Hantsi bai gama ɗagawa ba yana kan tudu.

"An ce bawana ya kai kansa ƙara ya ci nasara," in ji Rashida.

"Bar wannan. Na ga ɗaya, saura ɗari biyu da goma sha uku. In rana ta yi kwana uku a jere zan kwafe su duka a kaye biyu, ɗaya a gwangwani inda gara ba ta kai. Sannan in bi su da igiya. In ina yin huɗu a rana, kwana hamsin da huɗu ne."

"To ga sana'a ta goma. Daga nawa za ka fara ƙirgawa?"

Ya riga ya fara gangarowa, igiyar tana kafaɗarsa, shayin da aka zuba masa tun safe yana kan benci da sauran rabi.